Ranar da Na Yi wa Lorna Faɗa Kan Harshen Baybay

Ba zan taɓa mantawa da ranar da na yi wa wata baiwar Allah faɗa a cikin falonta ba, a Hadayek el-Maadi, shekarar 2013. Lokacin ina gabatar da wani shirin rediyo na Hausa a Alƙahira, muna jerin hirarraki kan ƙananan harsunan da manya ke haɗiyewa. Abokin aikina Dauda, mai ɗaukar sauti, shi ya samo mana Lorna, ma'aikaciyar jinya 'yar ƙasar Filifin. Daga garin Baybay take, harshensu ma sunan garin yake ɗauke da shi.

Ta yi mana bayani da Turanci, a natse. Ta ce a kasuwa Sebuwano ake yi, a makaranta Tagalog da Turanci, nasu kuwa yana ta komawa bakin tsofaffi. 'Ya'yanta biyu suna can gida wajen ƙanwarta, babu mai iya haɗa jimla ɗaya da shi.

Nan fa raina ya ɓaci (har yau ina ganin fushin ya dace, mai fushin ne bai dace ba). Na janye makirufo daga bakinta na mai da shi nawa.

"Madam, ba Sebuwano ne ya kashe harshenku ba, ku iyaye ne! Uwar da ba ta koya wa ɗanta harshenta ba, wa za ta zarga?"

Minti huɗu na yi ina zuba, da muryar nan tawa ta karanta labarai. Idonta ya kawo ruwa. Ta ce, "Gaskiya ka faɗa. Kai ka yi sa'a, harshen mahaifiyarka har rediyo gare shi."

Da Dauda ya kama bakinsa, da an rabu lafiya.

"A'a, Madam, ai Hajiyarsa ba Bahaushiya ba ce. Warjanci ne harshenta, daga can Bauchi."

Fuskar Lorna ta washe. "Da gaske? To gaishe ni da shi, in ji."

Na buɗe baki. Ko gaisuwar safe ban sani ba. Abin da ya faɗo mini kawai shi ne yadda nake hana Hajiya yin yarenta in abokaina sun zo gidanmu a Kano, don kada su ce mu ƙauyawa ne. Tana ta koya mini, ina toshe kunne.

"Yalla, yi sauri, Malam," in ji Dauda, "na'ura fa tana tafiya."

Lorna ta dube ni ta ce, "Ma'alish," wato "ba komai" da Larabcin Masar. Wallahi da ta zage ni da ya fi mini sauƙi.

A ɗakin haɗa shiri na yanke faɗan nan gaba ɗaya, har da shirun da ya biyo baya. Dauda ya ƙi goge na asalin.

Tun daga ranar, in baƙo ya tunzura ni, sai na fara bincikar gidanmu kafin in tanka. Kuma ban ƙara fita aiki da wanda ya san mahaifiyata ba.