Yadda Za Ka Kori Shanun Surukinka Daga Cikin Gem

Kai mai tsohuwar na'urar gem ta wasa a talabijin, wadda in an kunna ta take huci kamar jakin da ya sha kaya, matso kusa. Ka sayo sabon wasan ƙwallo, ka zo sakawa, ta ce maka babu wuri? Kwantar da hankalinka. In ka bi matakan nan yadda na tsara su, na yi maka alkawari wuri zai samu, ƙwallo za ta shiga, kuma ba mai jin labari. Hanyar gwadajjiya ce. A kan Ukasha na gwada ta, abokin aikina nan Kazaure, ga shi nan da ransa yana cin tuwo.

Sharaɗi guda ne: sai kana da suruki. In ba ka da shi, je ka yi aure ka dawo.

Mataki na ɗaya: gano mai cin wurin

Shiga inda na'urar ke jera abubuwan da ta haɗiye, ka nemi wanda ya fi ƙiba. Ukasha ya goge tseren mota, ya goge dambe, ya goge wani wasan yaƙi da bai taɓa wuce ƙofar farko ba. Na'ura ta ce har yanzu. Sai idonsa ya faɗa kan ƙaton da ya yi ɗare-ɗare a tsakiya, wato wasan gona da kiwo, nan take gabansa ya yanke ya faɗi.

Ga dalili. Surukinsa Alhaji Halliru, mahaifin matarsa Ikilima, mutumin Gwiwa ne. Ya yi kiwo har ƙafa ta gaza, burtali ya koma gonaki, ya sayar da garken ya zauna. Yakan zo Kazaure ganin likita, ya biya gidan 'yarsa ya huta kafin rana ta yi sanyi. Da an ce ga shi nan, Ukasha zai tsuguna daga bakin ƙofa ya gaishe shi kai a sunkuye, ya fice ya zauna kan benci a gindin taga. Tun da aka ɗaura aure ba su taɓa haɗa ido ba. Duk maganar da ke tsakaninsu ta bakin Ikilima take bi, ko da kuwa suna jin numfashin juna.

Wata rana, don kada zama ya gundure shi, Ikilima ta kunna masa wasan ta damƙa masa hannun gem, abin da ake dannawa a sarrafa wasan. Ya ce, "Wannan kuma wane irin shirme ne?" Kafin la'asar yana da maraƙi. Kafin shekara ta zagayo yana da garke, kowace saniya da sunanta.

A zuwansa na ƙarshe, yana zura takalmi, ya ɗaga murya yadda na gindin taga zai ji, ya ce, "Ki gaya wa maigidan naki, na bar masa amanar dabbobin nan."

Ukasha daga waje ya ce, "Ki ce wa Baffa an karɓa."

To ka ji. Abin da ya cika na'urarka ba wasa ba ne, amana ce. Ci gaba, kada ka karaya.

Mataki na biyu: nemi shawara wurin tuzuru

Kada ka kuskura ka tambayi mai iyali, zai sanyaya maka gwiwa. Nemi irin Musaddiƙ, wanda ba ya tsuguna wa kowa sai in zai ɗaure igiyar takalmi. Shi ne zakaran ƙwallon gem a ofishinmu, kuma ya yi shelar gasa da sabon wasan.

Ya ce wa Ukasha, "Malam, shanun ƙarya ne fa. Ko nono ba ka sha."

Ukasha ya ce, "Shanun ne na ƙarya. Baffa na gaske ne."

"To zauna ka yi ta kwashe kashin shanu a talabijin. Ranar gasa sai ka zo mana da kindirmo."

Ofis ya ɗauki dariya. Wannan dariyar ita kake buƙata. Ba abin da ke saurin wanke kunyar suruki daga zuciyar namiji irin dariyar abokan aiki.

Mataki na uku: raba gangar jiki da ajiya

Buɗe kunnenka, nan ne kaɗai zan faɗa maka gaskiya. Kowane gem kashi biyu ne. Akwai gangar jikinsa, ita ce mai cin wuri. Akwai ajiya, inda ake adana duk wahalar da mutum ya sha a ciki, ita kuwa 'yar mitsitsiya ce. Mai hankali gangar yake gogewa ya bar ajiya, duk ranar da ya mayar da faifan ya tarar da kayansa.

Kai ba mai hankali ba ne, gwani ne. Gwani ba ya barin sawu. Kwashe ajiyar ka zuba a filas, sannan ka goge ta daga na'urar har da gangar jikin, kada wata rana matarka ta kunna ta ga hoton saniya ta tuna da ubanta.

Na'urar za ta tambaye ka ko ka tabbata. Kada ka tsaya tunani, tunani ya hana mutane da yawa ci gaba. Ukasha ya waiga dama, ya waiga hagu, ya ce astagfirullah, ya danna. Ƙwallo ta shige lafiya lau, 'yan wasa sababbi fil, ciyawa kore shar. Ya ji daɗi ƙwarai, ba zan ɓoye maka ba.

Mataki na huɗu: ɓoye filas ɗin

Sa shi inda ba wanda zai zata, wato a fili. Ukasha ya jefa nasa cikin kwanon da ake tara makullai da allura da tsofaffin batura a kan talabijin.

Mataki na biyar: tanadi amsa, amma ka leƙa waje tukuna

Dole a tambaye ka. Wata yamma Ikilima tana waya da mahaifinta, ta juyo ta ce, "Baffa ya ce a gaishe ka, ya ce yaya dabbobi?"

Ukasha, ido na kan ƙwallo, ya ce, "Ki ce suna nan ƙalau. Wuri ne ya yi musu kaɗan, na tura su kudu kiwo."

Shi a ganinsa ya yi hikima, tunda kusan gaskiya ce. Bai lura ba a daidai lokacin ruwa ake tsugawa, indararo na zuba, gero ya kai ƙugu. Ikilima ta isar da saƙo, ta saurara, ta dube shi tana danne dariya.

"Ya ce shi dai tun da yake bai taɓa jin an kora shanu kudu da damina ba. Ya ce ba komai, da ya gama maimai yana tafe ya ga makiyayin."

Wannan ba abin tsoro ba ne, ai shanu na cikin filas. Ukasha ya zazzage kwano, ya ɗauko, ya soka a na'ura. Babu saniya ko ɗaya. Waƙoƙin biki ne jere, da karatun wani malami a kan haƙƙin maƙwabtaka.

Ya ce, "Ikilima, wa ya taɓa wannan?"

"Ni ce. Na kai wa mai shagon turi ya sa mini waƙoƙin bikin Sadiyya. Ya ce akwai wani tarkace a ciki da ba ya buɗuwa, na ce ya wanke shi tas. Wani abu ne?"

"A'a. Ba komai."

Lura da amsar nan, ka haddace ta. Ita ake bayarwa in komai ya lalace.

Mataki na shida: goge ƙwallon

Na san ba haka muka yi da kai ba. Amma na ce ƙwallo za ta shiga, ban ce za ta zauna ba.

Ukasha ya goge ta da hannunsa, ya mayar da faifan gona, ya fara daga maraƙi guda kamar kowane talaka. Ya aika ofis cewa zazzaɓi ya kama shi. In an kawo wuta yana kiwo, in an ɗauke ya tayar da janareto yana kiwo. Ya koyi yankan ciyawa, ya koyi ban ruwa, ya koyi cewa saniya mai ciki ba a kora ta da gudu. Ranar gasa Musaddiƙ ya buga waya ya yi ta bugawa, Ukasha na can yana karɓar haihuwa.

Ikilima ta leƙo ta ce, "Au, har sun dawo daga kudun?"

"Suna dai shigowa da kaɗan-kaɗan."

Saura sunaye. Tun da aka ba shi amanar bai taɓa leƙa garken ba, balle ya san wace ce wace. Sai ya rufe ido ya tuno abin da yake ji ta taga in tsoho na wasa. Yana kiran Wule. Yana kiran Fure. Akwai kuma wata da yake yawan ambata a hankali, kamar mai lallashi, Saige. Ukasha ya ce wannan ita ce 'yar lele, ya zaɓi mafi kyau a garken ya rubuta mata sunan, ya fi ba ta dusa.

Mataki na bakwai: karɓi surukinka ka koma benci

Alhaji Halliru ya iso da hantsi a bayan babur. Ukasha ya tsuguna, ya gaishe shi, ya fice gindin taga. Ya ji an kunna na'ura. Ya ji tsoho ya yi gyaran murya.

"Hm. Kudun nan da albarka take. Wule ta tafi da ƙaho a karye, ta dawo da shi a miƙe. Fure ta tafi fara, ta dawo ja. Ki ce masa sannu da ƙoƙari."

Ukasha ya so ƙasa ta tsage ya shige. An gane shi sarai, kuma kunya ta hana a faɗa masa, wanda ya fi zagi ciwo. Yana shirin cewa a ba Baffa haƙuri, sai ya ji tsoho ya daina danna hannun gem. 

Can ya ji muryar tsoho ta sauya. "Ki tambaye shi, ina ya samo Saige?"

Ikilima ta fito, idonta ya yi ja. Ta durƙusa kusa da benci ta ce ƙasa-ƙasa, "Ai babu Saige a garkensa na gem. Saniyar marigayiya Inna ce, ita take tatsa. Ita Baffa ya sayar a ƙarshe. Na sha ce masa ya sa sunanta a wasan, ya ce ba zai iya ba."

Ukasha ya ruɗe. "Ki ce ya yafe mini, yanzun nan zan goge ta."

Daga ciki aka ce, "Ki ce ya bar ta."

Har aka kira azahar ba a sake jin komai ba, sai ƙarar hannun gem, da tsoho yana magana da saniya da Fulatanci.

Mataki na takwas: rufe bakinka lokacin sallama

Wannan shi ya fi duka muhimmanci, shi ne kuma Ukasha ya tsallake. Da tsoho ya tashi tafiya, ya tsaya yana waiwayen na'urar, ya ce abin nan dai an yi masa fasaha. Maimakon Ukasha ya yi gum, sai ladabi ya kwashe shi ya ce, "Ki ce wa Baffa ai tasa ce."

Kowa ya san wannan magana ce ta fatar baki, amsarta ita ce a'a, Allah ya yi albarka. Alhaji Halliru ya ce, "Madalla. Sa mini a leda, da wayoyinta. Akwai sola a gida."

Ƙin ɗaukar alhaki

Ni dai na ba da ilimi. Duk wanda ya bi matakan nan ya rasa ƙwallo, ya rasa gasa, ya rasa na'ura, ko Musaddiƙ ya laƙaba masa Ardo, kada ya zo ƙofar gidana. Ban san shi ba, ban taɓa ganinsa ba. Haka nan ba ruwana da man da zai riƙa ƙonawa zuwa Gwiwa, don tsoho ya aiko cewa duk lokacin da na'urar ta yi gardama a turo makiyayin.

Ba ruwana kuma da abin da ya faru a zuwan Ukasha na baya-bayan nan. Ya gyara wayar na'urar, ya ja gefe ya tsuguna a bakin zaure, Ikilima tana cikin gida, babu mai isar da saƙo. Aka kira la'asar. Alhaji Halliru ya duba dama, ya duba hagu, sannan ya juyo ya dube shi ido cikin ido, ya miƙa masa hannun gem.

Ya ce, "Ukasha, riƙe mini Saige in yi alwala. Ba ta son a bar ta ita kaɗai."

In ka karɓa da hannu bibbiyu a irin wannan wuri, kada ka ce ni na koya maka.