Ranar da na gyara wa Alhaji Idi kuka

Ba zan taɓa mantawa da ranar da na fara ɗaukar fim ɗina na farko ba. Gajeren labari ne na wani gidan talabijin a Abidjan, ni na rubuta, ni ne kuma darakta (har da hular hana-sallah na saya, don kada wani ya yi shakka).

Akwai zaman makoki a labarin, sai na roƙi Baba ya ara mini ƙofar gidanmu a unguwar Arras, cikin Treichville. Baba bai taɓa ɗaukar fim a matsayin aiki ba. Ya ce, "Ka yi. Amma kada ka ba ni kunya a unguwa." Ya shige ɗaki da rediyonsa.

Muka kafa rumfa, muka shimfiɗa tabarmi, muka jera butoci da farantin goro. Dattawan da za su fito a matsayin masu ta'aziyya mataimakiyata ce ta nemo su, yawancinsu ban san su ba. Komai na tsara, ban da abu ɗaya: ban sanar da kowa ba. A wurin mutanenmu kuwa, rumfa da tabarmi a ƙofar gidan dattijo da hantsi ma'anarsu ɗaya ce. Wani direban woro-woro, tasin nan ta haɗaka, ya wuce ya gani. Kafin azahar labari ya haye gada ya isa layin 'yan goro a kasuwar Adjamé, cewa Alhaji Sule ya rasu. Alhaji Sule shi ne Baba.

Muna tsakiyar ɗauka sai wani tsoho ya faɗo gaban kyamara, takalmi a hannu, hula a karkace. Ya durƙusa ya fashe da kuka, yana cewa, "Sule, ka tafi ba mu shirya ba!" Na ɗauka ɗan wasa ne mai neman a gan shi. (Mamacin labarina Garba ne sunansa, amma ko wannan bai farkar da ni ba.)

"Coupez!" na daka tsawa da Faransanci, wato a dakatar da ɗauka. Na matsa kusa da shi cikin isa. "Baba, ka yi ƙoƙari, amma kukan nan bai yi kama da na gaske ba. Rage murya, sunkuyar da kai. Mu sake."

Tsohon ya ɗago jajayen idanu yana kallona. Daidai nan Baba ya fito da rediyo a hannu, ya tsaya cak.

"Idi?"

Alhaji Idi ne, mutumin Nijar, amininsa tun suna samari suna ɗaure goro a Adjamé. Sun yi shekaru masu yawa ba sa shiri kan wata magana da ko Inna ba ta tuna ta, rabona da shi tun ina ƙarami.

Alhaji Idi ya ja da baya yana salati. "Sule, kai ne?"

"Ni ne. Ashe sai na mutu za ka tako ƙofata."

"Kai kuma ko mutuwar ba ka iya yin ta da gaskiya ba!"

Suka rungume juna, kuka da dariya a haɗe. Da suka natsu, Alhaji Idi ya nuna ni da haɓa. "Wannan mai hular fa?"

"Ɗanka ne. Kai ka yi masa huɗuba."

"To, shi ya ce ban iya kuka ba."

Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Na cire hular, na durƙusa na gaishe shi, ya dafa kaina.

Ranar ba mu ƙara ɗaukar komai ba. Su biyun suka zauna a tabarmata suna cin goron fim ɗina, 'yan Adjamé na ta sauka daga woro-woro, mamaci da kansa yana musu sannu da zuwa.

Bayan la'asar Baba ya kira ni. "Kunya dai ka ba ni," in ji shi. Ya waiga wajen Alhaji Idi, wanda ke alwala da butar Baban. "Bar rumfar zuwa gobe, ka ƙarasa aikinka."

Aiki, ya ce.

Tun daga ranar ba na kafa rumfa sai na sanar da liman da maƙwabta. In kuma na ga mutum yana kuka, sai na fara tambayar wa ya rasu kafin in gyara masa.