Ƙeyar da Ta Ci Paris

A duk 'yan Nijar da jirgi ya taɓa saukewa a Faransa, ba a yi mai farin jini kamar Raliatou 'yar Damagaram ba. Wanda ya musa ya tambaye ta, ita ce babbar shaida. Tun ran da ta taka unguwar Belleville a Paris ta datse wa sunanta kai da wutsiya, ta koma Madam Lia, wai harshen Nasara gajere ne, kada a wahalar da shi. 'Yan gida kuwa suka laƙaba mata Fitilar Paris, ta karɓa hannu biyu.

Sana'arta ta fari tallar kyau ce. Wani kamfanin gashin kanti ya ɗauki hotonta ya liƙa a jikin kowane ƙunshi. Daga Belleville har Clichy-sous-Bois, ba kantin da ba ta rataye ba. Sai dai da yake gashi ake sayarwa, mai hoton ya ce ta juya baya. Ƙeyarta ce ta yi suna. Kuma tsakani da Allah, ƙeya ce ta gani ta faɗa.

Takan shiga kanti ta tsaya kusa da ƙunshin, ta yi tari. In mai kanti bai gane ba, sai ta juya masa baya a hankali, ta jira.

"Mu taurari wahalarmu ke nan, sheri," in ji ta, don kowa masoyi take ce masa da Faransanci. "Ko burodi ka fita saye, idanu caa a bayanka."

Daga nan sai fim. Ran da za a nuna shi a tele, ta tara mata a Clichy-sous-Bois, gidan Gwaggo Rékia, ƙanwar ubanta da ta goye ta, aka dafa shinkafa, aka hana yara numfashi. Ɗan sanda ya biyo ɓarawo cikin jirgin ƙasa na metro, suka gifta wata mata zaune ta ba kamara baya.

"Ga ni! Ga ni!"

Wadda ta sunkuya ɗaukar loma ba ta gani ba. Gwaggo ta gani. Ta ce, "Tubarkalla, ƙeyar ubanki sak."

Madam Lia ta gyara zama. "Wasu da baki suke wasa. Ni mai fim ya ce zamana kaɗai ya isa."

Amma in ta shiga ɗaki ta tsaya gaban madubi, abin na cin ta. Ga fuska Allah ya yi, shekaru na tafiya, duniya ba ta gan ta ba.

Mai nema yana tare da samu. Alhaji Maazou, mai sayar da atamfa a Lyon, ya buɗe 'yar tashar tele a wani tsohon sito a Saint-Fons, gefen Lyon, bayan masana'antun nan da iskarsu ke warin ruɓaɓɓen ƙwai. Ya ba ta shirin safiyar Lahadi, kai tsaye, masu kallo su bugo waya. Ita kuma ta yi ta naci har wani Mushe, wato wani maigida Nasara na babbar tasha a Paris, ya yarda zai zo ya kalli shirin farko. In fuskar ta karɓi kamara, kuma jama'a na bugowa, zai tafi da ita.

Sai ta bi 'yan gida ɗaya bayan ɗaya. "Kowa ya bugo. Ka ce bonjur, ka yabe ni, ka ajiye. Ban da ƙauyanci."

Ranar Lahadi ta sha hoda, ta ɗora gashi kamar rumbun gero, ta hau kujera bayan wani dogon tebur. Mushe ya harɗe a gefe. Jar fitila ta kama.

"Bonjur Faransa, bonjur duniya..."

Waya ta yi ƙara.

"Alo? Salamu alaikum. Raliya ce?"

Gwaggo Rékia. To, baki ya koyi Faransanci, amma gwiwa ba ta je lakol ta yi boko ba. Kafin Madam Lia ta ankara, ta zame daga kujera ta durƙusa bayan tebur, yadda ake gaida manya. Ba abin da ya rage a tele sai tsinin gashi.

"Ina kwana, Gwaggo?"

"Lafiya lau. Ina gajiya? Ina sanyin Lyon? Ina ƙafar nan taki mai kumburi?"

Aka gama. Gashi ya fara ɗagowa kamar hantsi, har goshi ya leƙo.

"Tsaya, ga Baba Saley ku gaisa."

Rana ta sake faɗuwa. Ashe da ta ce kowa ya bugo, tsofaffin Clichy ba su ga dalilin rarrabuwa ba. Suka taru a falon Gwaggo, waya guda, suka jera daga babba zuwa ƙarami, ƙaramin kuma ya aurar da jika.

Hajiya Balkisa ta karɓa. "Raliya, mun kunna tele, gashi kawai muke gani."

"Ina nan ƙasa, Hajiya."

"To madalla. Zauna nan, an ga tarbiyya."

Mai kamara ya yi ta yi mata alama ta tashi. Ta yunƙura, sai Malam Ilya ya ce a yi wa yarinya addu'a. Hannu biyu suka ɓullo ta saman tebur, da jan farce. Alhaji Maazou, da ya kamata ya katse layin, shi ya fi kowa ɗaga murya wajen amin, har ya ce a gaishe masa da Malam. Ana shafawa lokaci ya cika, tallar atamfa ta shigo.

Madam Lia ta miƙe, gwiwa na ƙas-ƙas. Kujerar Mushe wayam. Ya bar saƙo wajen mai kamara: ya ji daɗin zuwa, sai dai ya yi ta jiran mai gabatar da shirin, ba ta iso ba.

"Hassada ce," in ji ta. "Bai taɓa ganin waya ta yi zafi haka ba."

Ba ta tashi a tutar babu ba dai. Kamfanin gashi ya kalli shirin, ya bugo da murna: suna son sabon hoto, wannan karon daga sama.

Yau Paris ta san ƙeyarta, Lyon ta san tsakar kanta. Fuskar kuwa tana nan a ajiye, sabuwa fil, ko daga leda ba a cire ta ba.