Darakta Tasi'u da Kurar Baƙin Tukunya

Wani mutum ne a Kano ana ce masa Tasi'u Ba-Tsoro, kuma shi ya raɗa wa kansa sunan. Darakta ne na finafinan aljanu da fatalwa. Shi ne furodusa, shi ne marubuci, shi ne jarumi, in an rasa mai riƙe fitila ma shi ne. Finafinansa goma sha ɗaya, kuma duk wanda ya kalli ɗaya ya hutar da kansa sauran goman. Jinin da ake gani a fim ɗinsa zoɓo ne. Aljaninsa tsohon zanen gado ne da garin rogo a fuska. Akwai fim ɗin da mutum ɗaya ya mutu sau uku, hula kawai ake sake masa.

Amma ku zo ku ji baki! In Tasi'u ya zauna a bencin mai shayi ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya, sai ka rantse aljanun Kano gaba ɗaya a ɗakinsa suke haya.

"Ni ba na yaudarar 'yan kallo," in ji shi. "Macijin da kuka gani a Fatalwar Gidan Burodi, da hannun nan na kamo shi a bayan gari."

Macijin nan kuwa tsohon tiyon ban-ruwa ne. Nafi'u mai kyamara ne ya ɗaura masa zare yana ja. Shekara bakwai Nafi'u yana bin Tasi'u, ya haɗiyi ƙarya har ta ishe shi, amma bakinsa gum.

To ana nan sai Allah ya haɗa Tasi'u da Hajiya Tabawa, wata babbar 'yar kasuwar atamfa a Kantin Kwari, wadda ta yi sha'awar zuba jari a harkar fim. Tasi'u ya ga samu. In Hajiya ta amince, ga sabuwar kyamara, ga 'yan wasa na gaske, ya rabu da zoɓo da garin rogo har abada. In ta ƙi, to shagon fim ɗinsa ma rufe shi zai yi, don kyamararsa sai an buga mata mari take kamawa.

Ya je har shagonta ya durƙusa.

"Hajjaju, ranki ya daɗe, fim ɗin da zan yi miki ba a taɓa yin irinsa ba. Kokawa zan yi da kura. Ni da ita a ɗaki ɗaya, a kulle."

"Kura ta gaske, ɗan nan?"

"Haba Hajiya! Ni kura ai kyanwa ce a wurina."

Hajiya ta dube shi sama da ƙasa. "To ni ban taɓa sayen kaya a rufe ba. Ka yi wannan kokawar a gabana. In na gani da idona, ka ɗauka an gama."

Tasi'u ya fito yana murmushi, dabara ta riga ta faɗo masa. Ya aro karen wani mafarauci, wani jibgegen kare ja mai suna Dogo, wanda in ka ba shi burodi zai bi ka har Zariya. Ya sa Nafi'u ya kwaɓa baƙin tukunya ya ɗiɗɗiga masa a jiki, aka ɗaura masa guntun buhu a doro. Ya samu wata bukka mai duhu a wani ƙauye ta hanyar Ɗambatta. Kuma don son banza ya zaɓi ranar kasuwar garin, wai ya samu taron jama'a a fim ba tare da ya sayi ko ruwan leda ba.

Ranar da hantsi Hajiya ta iso a motarta. Tasi'u yana can gidan mai gari ana shirya shi, ana rataya masa layu na kwali. Ita kuwa Hajiya ba a banza ta shekara talatin a Kwari ba. Matar da ke ɗiga wa atamfa ruwa ta murza ta ga ko tana zuba, ita za a sayar wa kura a duhu? Ta zaga bayan bukka ta tarar da Nafi'u yana ƙara wa Dogo kwalliya. Kura tana kaɗa mata wutsiya.

Ta fasa ruwan leda ta tsiyaya masa a baya. Baƙi ya bi ƙasa sharrr.

"Wannan kurar taku tana zuba," in ji ta.

Nafi'u ya sunkuyar da kai. "Hajiya, wallahi ni umarni aka ba ni."

"To ga sabon umarni. Ka ji kiɗan can a bakin kasuwa?"

Gardawa ne, masu yawo da kura kasuwa-kasuwa suna wasa da ita. Ranar kasuwar da Tasi'u ya zaɓa da kansa ita ta kawo su. Hajiya ta aika aka kira babbansu, wani dattijo mai suna Jatau, suka yi ƙus-ƙus. Kafin Tasi'u ya gama shafa baƙin kwalli, an kawar da Dogo, an shigar da mai ɗakin ta gaske. Nafi'u bai taɓa goge gilashin kyamara da zuciya ɗaya irin na ranar ba.

Sai ga Tasi'u ya fito, ƙirji a waje, layu reto-reto, ga wani bujen wando ya ɗaure da igiya. Jama'a sun cika fili maƙil, har da masu tallan gyaɗa. Ya ɗaga hannu.

"Jama'a, a ja da baya! Mai ciki da mai hawan jini su tafi gida!"

Ya juya ga Hajiya, ya miƙa mata mabuɗin kwaɗo da hannu biyu. "Hajjaju, ke za ki kulle da kanki. Kuma ki ji da kyau. Ko kin ji ina ihu, ko kin ji ina kiran uwata, kada ki buɗe. Duk aikin fim ne."

"Ka tabbata?"

"Ni ne fa Ba-Tsoro."

Ya shiga. Ƙaras! Hajiya ta datse kwaɗo, ta koma kujerarta ta gyara mayafi. Nafi'u ya saita kyamara.

A ciki duhu ne, sai ɗan hasken da ke ratsowa ta jikin ƙofa. Abin da ya fara dukan Tasi'u wari ne, wani irin wari kamar an buɗe kwatar mahauta da rana tsaka. Ya toshe hanci. Me Nafi'u ya ba karen nan ya ci? Ya zaro burodi daga ƙugu, ya yi ƙasa da murya.

"Dogo. Zo nan, ɗan albarka. Zo mu yi mu gama."

Shiru. Sai wasu idanu biyu suka taso daga lungu, kuma ba inda ya kamata idon Dogo ya tsaya suka tsaya ba. Ya matsa jikin ƙofa ya leƙa ta tsaga don ya kira Nafi'u. Me zai gani? Dogo ne can a ƙarƙashin motar Hajiya, kwance abinsa, rabi ja rabi baƙi, yana lasar ƙafa.

A bayansa aka ce, "Huuu-wup! Hi-hi-hi-hi!"

Jama'a, ihun da Tasi'u ya kurma, sai da jakunan kasuwa suka amsa.

"Wayyo Allah! Ku buɗe! Ta gaske ce! Kat! Kat! Nafi'u, na ce kat!"

Waje ya kaure da tafi. Wani tsoho ya ce, "Kai, yaron nan ya iya! Kamar da gaske."

Dam! Dam! Dam! Tasi'u yana dukan ƙofa. "Hajiya, don darajar iyayenki! Wayyo Inna! Inna ta!"

Hajiya ta jefa goro a baki. "Ga kiran uwar nan ya zo. Ya ce kada a buɗe."

Sai aka ji kiriff, kiriff, bukka ta hau girgiza. Jinka ta yi ɓurum! Ga kan Tasi'u ya ɓullo ta sama, ciyawa a baki, ciyawa a kunne. Ya turo kafaɗu, ya turo ciki, ƙugu ya ƙi wucewa. Ya maƙale nan, rabi a sama rabi a ɗaki, yana harbin iska. Igiyar wando ta ce ba da ita ba, ta tsinke.

Sai a lokacin Hajiya ta tashi ta buɗe. Jatau ya shiga ya fito da kurarsa. Ga takunkumi a bakinta ɗaure tam, ga sarƙa da aka ɗaure ta a turke, ko kaza ba ta isa ta taɓa ba. Jikinta sai rawa yake yi, tana ɓuya a bayan ubangidanta.

Jatau ya ɗaga kai, ransa a ɓace. "Kai wane irin mutum ne? Shekara tara ina yawo da baiwar Allahn nan, ba a taɓa firgita min ita irin yau ba!"

Dariya ta ɓarke, har da masu faɗuwa ƙasa. Amma mai baki bai rasa ta cewa ba. Tasi'u ya tofar da ciyawa, ya ƙaƙalo murmushi.

"Hajjaju, kin ga aiki ko? Duk tsararre ne. Haka na rubuta shi."

"Ma sha Allah," in ji Hajiya. "Na yaba. Nafi'u, ya fita da kyau?"

Nafi'u ya duba kyamara, fuskarsa ba alamar wasa. "Hajiya, hasken farkon bai yi ba. A ƙa'idar Oga kuwa, in haske bai yi ba sai an sake."

"To a sauko da shi a sake. Malam Jatau, wannan karon a cire mata abin bakin nan, yana ɓata hoto. Ana gamawa, Darakta, ka biyo ni shago mu ƙulla magana."

Jatau ya kai hannu kan takunkumi. Tasi'u ya rungume tsinin jinka da hannu biyu, hawaye na wanke kwalli.

"Hajiya, riƙe jarinki, na yafe. Ni dai a taimaka a miƙo min wandona."