Ranar da na toshe wa Malam Hudu ruwa

Ba zan taɓa mantawa da wata Laraba a gonakin Bunkure ba, ko da na so. Ni furodusa ne, kuma kowa a masana'anta ya san bakina: finafinaina na marasa gata ne, kurame da makafi da duk wanda ba a jin kukansa. (Har lambar yabo aka taɓa ba ni, na yi ta baza babbar riga.)

A shekarar na ɗauko labarin manoman ƙarshen magudana, waɗanda na sama ke shanye musu ruwa kafin ya iso. Jarumina shi ne Malam Hudu, dattijo mai ƙafa ɗaya, manomin tumatir. Muka iso da kyamarori, sai ga magudana cike taf, ruwa na gudu. Haba! Ta ina mai kallo zai ji tausayi? Na ja ma'aikatana muka haura sama, muka jera buhunan ƙasa muka toshe. Ban gaya wa kowa ba, a raina aikin ɗan lokaci ne.

Abin da ban tambaya ba shi ne, ruwan nan bi da bi ake sakinsa. Ranar ta su Malam Hudu ce, kuma da safen ya yi dashe. In ta wuce, sai wani makon.

Muka yi ta ɗauka har rana ta take, na manta da buhuna sam. Malam Hudu yana duban dashensa na langaɓewa, idonsa ya kawo ruwa, ni kuwa ina raɗa wa mai kyamara, "Matsa kusa, wallahi tsohon nan ya iya!"

Can sai hayaniya. Manoma suka taso da fartanya a kafaɗa, wai Alhaji Sale mai babbar gona a sama ya sake halinsa. Na bi su a guje, ina murna zan ɗauki zalunci ido da ido. Alhaji Sale ya yi rantsuwa har ya gaji, sannan ya hango ni.

"Ku tambayi mai jar hular can," ya ce. "Da idona na gan shi yana danna buhu da ƙafa."

Innalillahi! Mai kyamarata, ɗan banza, ya juyo da ita kaina. Malam Hudu ya dogaro sandarsa ya iso, ya dube ni.

"Yaro," ya ce, "Alhaji Sale ma rabi yake tarewa."

Da shaddata na faɗa ruwan ina janye buhuna, ana kallona. Rabin dashen bai tashi ba. Ni na nemo wani iri, na durƙusa na dasa har bayana ya ƙi miƙewa.

Tun daga ranar, kafin in saita kyamara a kan azzalumin wani gari, sai na fara tambayar kaina me na taɓa tun da na iso.