Sarkin Inuwa na Largo

A duk Largo, unguwarmu da ke gefen Washington, babu mai ido irin na Alexander. Shi da kansa ya faɗa mana, kuma masani irinsa ba zai yi ƙarya ba. A wani ofishin gwamnati yake aiki a Southwest Washington. Wata rana ruwan sama ya kora shi gidan tarihi, ya tarar ana nuna tsofaffin finafinan bebaye, baƙi da fari. Ya shiga a jiƙe, ya fito farfesa. Ya sayi baƙar hula mai kama da faifai, ya daina gaisuwa da baki, sai da gira. Muka sa masa Sarkin Inuwa. Ya ɗauka naɗi ne.

Sai ga bikin Abby, wata nas a Upper Marlboro. An hana uwarta Talatu biza. Tana can Kagoro, fim ne kaɗai zai nuna mata tilon 'yarta cikin farar riga. Sarki ya ce shi zai ɗauka.

"Mama, haske na jahilai ne," in ji shi ga Dorkas, gwaggon amarya. "Magabatanmu a wannan sana'a ba fuska suka ɗauka ba, ruhi suka ɗauka. Ruhi kuwa a inuwa yake zaune."

Da rana tsaka ya toshe tagogin coci da ledar shara, ya kashe fitilu, ya dasa ɗaya tak a ƙasa. Wayoyin jama'a ya karɓe a bakin ƙofa, kada su ɓata masa duhu. Fasto ya yi karatu hancinsa na gogar littafi. Ango ya yi ta laluben yatsa.

Fim ya fito. Ga inuwar gwaggwaron Dorkas ta cika bango kamar jemage. Ga ƙafar kujera. Ga sunan Alexander da manyan haruffa, shi kam fes.

Da Talatu ta kira, Dorkas ta buɗe muryar wayar don kowa ya ji. Sarki ya matso, ƙirji a gaba.

"Dorkas, na kalla har ƙarshe, ban ga Abby ba," ta ce. "Ashe ku ma haka ake ɗauke muku wuta? Ku yi wa yaron nan mai kyamara sannu. In ya samu mai koya masa, zai iya."