Ranar da Man Gyaɗa Ya Ƙi Fita

Ba zan taɓa mantawa da Talatar da masu kyamara suka shigo gidanmu a Sandamu ba.

Shirin talabijin suke haɗawa kan sana'o'in mata, irin wanda mutum ke fitowa da sunansa da aikinsa na gaskiya, ba wasan kwaikwayo ba. Shugabar tafiyar ta ce in na yi ƙoƙari a kashi na farko, ni zan riƙa gabatar da sauran a Baure da Mai'adua. Sai ta tambaye ni, "Ke kike matsar man gyaɗar da kanki?" Na ce tun ina 'yar shekara tara. (Gaskiya kakata ce mai sana'ar. Ni aikina cin ƙuli-ƙuli da zafinsa.)

Ranar ɗauka na sha lalle, na ɗaura atamfar Sallah. Aka ajiye mini turmi da niƙaƙƙiyar gyaɗa a ciki, matan unguwa suka jeru a jikin katanga. Kaka ta koma gefe, wai ita ba ta shiga hoto.

Ashe ruwan zafi kaɗan-kaɗan ake zubawa, ana juyawa har mai ya taso. Ni kuwa na kalli kyamara, na yi murmushi, na juye kwanon ruwan gaba ɗaya. Na juya, na juya. Ba mai, ba dalilinsa. Gyaɗa ta koma kunu. Mai kyamara kuwa sai ƙara matsowa yake.

"Yanzu man zai fito?" in ji shugabar.

"Yana hanya," na ce.

Kaka ta miƙe. "Daga Kano zai taso? Ke 'yar boko, miƙo muciyar nan kafin ki dama mana koko. Tiya guda kin kashe mini!" Ta ƙaro gyaɗa, tana juyi tana yi mini tsiya, mata na ta shewa. Mai ya taso. Ba wanda ya kashe kyamara.

Kaka aka kai Baure da Mai'adua. Yanzu har a kasuwar Daura tsayar da ita ake yi a gaisa. Ni sau ɗaya na fito, riƙe da kwano, baki buɗe, kuma a ƙasan hoton an rubuta cikakken sunana. Tun da aka nuna shirin, sati uku ke nan ko zaure ban leƙa ba.

Na dai koyi abu ɗaya: baki yana iya aron sana'a, amma hannu sai ya tona asiri.